Katun ɗin labaran farkon duniya da ake turawa a kasuwar Marwa: me ke ciki, kuma ya kai kuɗinsa?

Tun da aka shiga hutu iyaye mata ke ta tsare ni da tambaya kan kart memwar ɗin nan, wato katin ajiya na waya, da na sa wa yara, wai me ke ciki, ya kai kuɗinsa ko bai kai ba, sannan tambayar da kowa ke ajiyewa sai ƙarshe, babu matsala ta wajen addini? To bari in amsa wa kowa a wuri ɗaya. Ya kai kuɗinsa har ya wuce, amma fa ba abin da za ki miƙa wa yaro ki shige kicin ba ne, kuma akwai abu guda da mai shagon ya yi wanda ya ɓata min rai sosai, zan zo kansa.

Shagon yana cikin babbar kasuwar Marwa, a nan Kamaru, ta layin masu gyaran waya, ɗan ƙaramin butik ne da mutum uku ba za su tsaya a ciki a sake ba, kwamfuta ɗaya, fanka, sai tarin wayoyin mutane da ake caji. Irin shagunan turin nan ne da kuka sani, fim ɗin Kano, Indiya mai fassara, ƙira'a, wa'azi, ƙwallo. Abin da ya bambanta shi shi ne yaron da ke wurin ya zauna ya haɗa dosiye guda na gajerun katun da dukansu abu ɗaya suke magana a kai, wato yadda ƙabilu 'yan asalin ƙasa na sassan duniya suke ba da labarin farkon duniya, daga ina ƙasa ta fito, wa ya ɗaga sama, ya aka yi aka samu rana. Fim 34 ne a ciki, akwai na minti ɗaya, mafi tsawo bai wuce minti 15 ba. Turi sefa 500 in kin je da kart ɗinki ko kle, wato filashin USB, in kuma sabon kart za ki saya a wurinsa 3,000 har da turin, yana karɓar kuɗi ta waya ma. In kin lissafa forfe, wato kuɗin data, da za ki ƙona kafin ki nemo waɗannan ɗaya bayan ɗaya a intanet, ga rezo, wato sabis ɗin waya, yau akwai gobe babu, ai 500 ba kuɗi ba ne.

Wanda ya fi kama ni, kuma shi yara suka fi cewa a maimaita, shi ne na matar da ta faɗo daga sama. Labarin mutanen Haudenosaunee ne, ƙabilu shida da suka haɗa kai, irin su Mohawk da Seneca da Onondaga, suna jihar New York ta Amurka da kuma Kanada. A labarinsu da farko babu ƙasa sam, ruwa ne ko'ina, sai wata duniya can sama mai babbar bishiya a tsakiya. Aka tumɓuke bishiyar, rami ya buɗe, mace mai ciki ta faɗo ta ramin. Tsuntsayen ruwa suka hango ta suka haɗa fukafukai suka tare ta, kunkuru ya ba da bayansa a ɗora ta, amma bayan kunkuru ba wurin zama ba ne, dole a samo ƙasa daga ƙarƙashin ruwa. Manyan dabbobi suka yi ta nutso suna dawowa hannu wofi, sai wani ɗan ƙaramin ɓeran ruwa da ba wanda ya kula da shi, shi ya nutsa ya daɗe har aka fid da rai, ya taso ya galabaita da ɗan taɓo a dunƙule cikin hannunsa. Da wannan taɓon matar ta shafa wa kunkuru a baya, ta riƙa zagayawa, ƙasa na faɗaɗa. Shi ya sa har yau da yawa daga 'yan asalin can suke kiran Arewacin Amurka tsibirin kunkuru.

Da yashi aka yi fim ɗin, jama'a, yashi! An zuba shi a kan gilashi an haska fitila ta ƙasa, mai zanen na turawa da yatsa yana ɗaukar hoto, ya sake turawa ya sake ɗauka. In kin matso kusa da tele za ki ga sawun yatsansa a jikin ruwan, kuma lokacin da matar ke faɗowa gashinta ne yake warwarewa ya koma fukafukan tsuntsayen ba tare da an yanke hoton ba. Tsohuwa ce ke ba da labarin da yarensu, muryarta har tana ɗan rawa, a wani wuri ta yi tari ba a cire ba, fassarar Faransanci na tafiya a ƙasa. Autata da ba ta iya karatu ba tukuna, da ɓeran ya taso bai motsi sai ta kama zanena ta ce "Umma ya mutu ne?" kuma ba ta sake ni ba sai da ta ga ƙasa ta fara girma. Ku tuna irin wannan aikin ba wasa ba ne, ko hoto 12 kawai aka yi a kowane sakan, fim ɗin minti uku hoto 2,160 ke nan, kowanne da hannu.

Na biyu a wajena na mutanen Maya ne na ƙasar Gwatemala, daga littafinsu Popol Vuh, wanda aka rubuta da yaren K'iche' wajen shekarun 1550, wani fada ɗan Sifen mai suna Francisco Ximénez ya kwafe shi a farkon shekarun 1700, ta haka ya tsira har ya iso mu. A nan sau uku aka gwada yin mutum. Na taɓo ya narke, na itace ya yi tafiya ya yi magana ya hayayyafa amma ba zuciya ba godiya, sai na ƙarshe da aka kwaɓa da garin masara fara da rawaya shi ne ya tsaya. Wurin da ya sa falona ya kaure da ihu shi ne inda kayan gida suka yi wa mutanen itace bore, tukwane suna cewa kun ƙona mu kullum ba tausayi, dutsen niƙa yana cewa kun goge min fuska safe da yamma, karnuka suna cewa kun hana mu abinci kun kore mu da sanda, duk suka bi su da gudu, waɗanda suka tsira suka haye bishiya suka zama birai. Da takarda aka yanka mutanen, launin ja da ruwan ƙasa irin na tsofaffin tukwanensu. Daga ranar yarana in an bar tukunya a murhu sai wani ya ce a sauke ta kafin ta yi fushi.

Akwai na Mawori na ƙasar New Zealand, Rangi sama da Papa ƙasa sun rungume juna 'ya'yansu na matse a tsakani cikin duhu, wani ɗan ya ce a kashe su, Tane ya ce a'a a raba su dai, ya kwanta ya kafa kafaɗa a ƙasa ya tura sama da ƙafafu har haske ya shigo, ruwan sama kuma hawayen uban ne. Zanen yana da kyau amma kiɗan ya danne maganar. Akwai na hankaka ɓarawon haske na mutanen Haida da maƙwabtansu a gaɓar tekun yammacin Kanada, wanda ya rikiɗa ya zama ɗan ganye yarinya ta haɗiye shi a ruwan sha, aka haife shi jariri, ya yi ta kuka sai kakansa ya ba shi akwatin da aka ɓoye rana. Wannan kam yara ba su sha wahalar gane shi ba, babban ya ce ai Gizo ne kawai ya sa baƙar riga, wayo da kwaɗayi da rashin kunya duk iri ɗaya.

To yanzu ɓangaren da bai yi ba. Kusan goma daga cikin 34 ɗin ba aikin kowa ba ne, irin waɗanda ake sa kwamfuta ta ƙirƙiro ne a zuba a intanet don neman masu kallo, sun shiga cikin masu kyau kamar tsakuwa a shinkafa. Ba wuya ki gane su, hoto na ta ƙyalli, fuska ba ta motsi sai baki, yatsun hannu yanzu biyar anjima shida, murya ɗaya ce ta namiji mai Faransanci sumul ba numfashi, kuma kowace ƙabila an sa mata hular gashin tsuntsu ko da mutanen ƙanƙara ne ko na tsakiyar teku. Wani ma ya haɗa kunkurun Kanada da ginin dala na mutanen Maya a labari ɗaya. Yara da kansu ba sa kai su ƙarshe. Bayan wannan sunayen fayil ɗin lambobi ne kawai, 01, 02, ba ki san me za ki buɗe ba, sauti wani sai kin ƙure wani ya firgita jariri, rubutun fassara a waya ƙanana ne ƙwarai sai dai a tele, uku kuma da Sifaniyanci suke ba fassara ko ɗaya.

Duk wannan zan iya haƙura. Abin da ya tsaya min shi ne ya yanke farko da ƙarshen fina-finan. Sunan ƙabilar, sunan tsohuwar da ta ba da labarin, sunan wanda ya zana, garinsu, duk ya datse, fim ya fara kawai ya ƙare kawai. Ni sai da na yi ta bincike da kaina kafin in san wanne na su wane ne, shi ya sa ma nake iya faɗa muku sunayen nan na sama. Wanda bai bincika ba zai kalla ne a matsayin katun ɗin wasu mutanen daji da ba su da suna, alhali dalilin yin fina-finan ke nan tun farko, a san cewa labarin yana da masu shi kuma suna raye. A Kanada yara kusan 150,000 na 'yan asalin ƙasa aka raba da iyayensu aka kai makarantun kwana inda ake hukunta yaro in ya yi yaren gidansu, kuma na ƙarshen makarantun nan sai cikin shekarun 1990 aka rufe su, ba tarihin kaka da kakanni ba ne. Tsohuwar da ta zauna gaban makirfo tana ba da labarin kunkuru da yarenta ta san me aka so a raba ta da shi. A Meziko gwamnati ta amince da harsunan asali 68, kuma tun 2013 wata mata mai suna Gabriela Badillo ta fara jerin gajerun katun da burin kowane harshe ya samu nasa. A Ostireliya, inda mutanen asali suka fi shekara dubu 50 a ƙasar, har gargaɗi ake sawa a farkon fim cewa akwai murya ko hoton wanda ya rasu, saboda a al'adar da yawa daga cikinsu abu ne mai nauyi. Irin wannan allon ne fa aka yanke don a rage mega.

Na koma na same shi. Na ce ƙanena, me ya sa ka cire sunayen mutane? Ya ce "Wallahi Adda ba da wata manufa ba ne, kwastoma ba sa son rubutu, da sun ga rubutu sai su ce fim ɗin bai fara ba, kuma wuri yake ci." Na ce to in wani ya ɗauki waƙar kakarka ya sayar a Yawunde ya goge sunanta da na garinku fa? Ya yi shiru, ya ce gaskiya ne. A nan zan yaba masa, bai yi musu ba bai ɗaga murya ba, ya buɗe kwamfuta a gabana ya nuna min cewa na asalin suna nan bai goge ba, ya ce zai sake haɗa dosiye da cikakku ya rubuta sunan ƙasa da ƙabila a kan kowane fayil, ya fitar da na bogin. Ya sake tura min ba tare da ya karɓi ko dala ba. Yaro ne mai ladabi kuma ya san abin da ya tara, in kin tambaye shi wanne ya dace da ɗan shekara biyar zai faɗa miki, ba irin masu cewa duk suna da kyau don ki biya ki tafi ba.

Sai maganar addini, wadda ba zan yi mata kwana-kwana ba. Mu Musulmi ne, mun san wanda ya halicci sammai da ƙasa, mun san Annabi Adamu da Nana Hauwa'u, kuma ba na son wani abu ya rikita wa yaro wannan. Akwai guda huɗu da suka zana mahalicci a siffar tsoho mai gemu yana murza yumɓu, waɗannan na goge su daga kart ɗin yara, kuma ina ba kowa shawara ya yi haka. Sauran kuwa na zauna tare da su muka kalla, kafin a kunna na ce musu wannan labarin wasu mutane ne, haka kakanninsu suka ba su, mu ga abin da Alƙur'ani ya gaya mana. Baban su da farko bai so ba, ya ce a tambayi Malam. Malamin islamiyyarsu ya ce in babba na kusa yana bambance musu to sanin yadda wasu al'ummu suke tunani ba ya cutarwa, ya karanto ayar Suratul Hujurati ta 13 inda Allah Ya ce Ya sanya mu al'ummu da ƙabilu don mu san juna, amma ya ja kunne sosai kan barin ƙananan yara su kaɗai da shi. Kuma abin da na gani da idona, tambayoyin da suka biyo baya sun fi fim ɗin amfani. Da aka nuna mutumin taɓo na Maya ya narke, ta tsakiyar ta ce "Umma, ai mu ma daga ƙasa aka yi mu, me ya sa ba mu narke ba?" daga nan muka shiga ƙissar Annabi Adamu da busa rai, hirar da ban taɓa samun ƙofar yi da ita haka ba. In kin san ba za ki samu lokacin zama ba, gaskiya ki bari, ki tura musu wani abin.

Wani abu kuma ya faru da ban zata ba. Maƙwabciyarmu dattijuwa ce Bagiziga, 'yar ƙabilar Giziga ta nan yankinmu, ta shigo karɓar garwashi ta tarar ana kallon na Mawori, ta tsaya da kaskonta a hannu har ya ƙare. Sai ta ce da Fulatanci, ai mu ma muna da wannan. Na ce Mama zauna ki ba mu. Ta ce a da sama tana kusa da ƙasa har mutane a duƙe suke tafiya, ba noma ba wahala, in yunwa ta kama mutum sai ya miƙa hannu ya yago sama ya ci. Sai wata 'yar sarki ta ƙi, ita ƙasa take kallo, ta tsinci ƙwayoyin hatsi ta samu turmi da taɓarya ta durƙusa tana daka, duk ɗagawa taɓarya ta bugi sama. Ta ce wa sama ɗan matsa, ta matsa, yarinya ta miƙe tsaye ta ƙara ƙarfi, ta sake cewa matsa, a na uku sama ta yi fushi ta tafi can inda take yanzu. Tun daga nan mutane suka miƙe tsaye, kuma tun daga nan sai an yi gumi a gona kafin a ci tuwon dawa. Tana yi tana kwaikwayon dakan da hannu, yara sun baro tele sun zagaye ta. Shekara da shekaru muna katanga ɗaya da matar nan ban san tana da wannan a ciki ba.

Shi ne nake ta tunani, a cikin 34 ɗin nan babu ko ɗaya daga yankinmu. Ga Giziga, ga Mafa da Kapsiki a kan duwatsu, ga Tupuri da Masa da Musgum ta wajen Logon, ga labarin Sao ƙattin mutanen da Kotoko ke cewa kakanninsu ne, waɗanda har gidan tarihi aka yi wa kayansu a Gawi kusa da Njamena, ga namu na Bayajidda da rijiyar Kusugu a Daura. Kuma ba wai ba a taɓa yi ba ne a wannan yanki, Moustapha Alassane na Nijar tun shekarun 1960 yake yin katun da hannunsa, ya zauna a Tawa yana aiki har ya rasu a 2015, a nan Kamaru ma an fitar da fim ɗin katun mai suna Minga a 2017. Yaranmu na Marwa Fulatanci suke yi a waje, Faransanci a lakwal, Hausar sai a ɗaki, tatsuniyar dare kuwa waya ta cinye ta, yawancinsu ko amsa "ga ta nan ga ta nanku" ba su iya ba. Samarinmu da suka iya haɗa bidiyon biki da waya, minti biyu kacal ake nema, muryar tsohuwa ɗaya da zane ko na yashin kogi ne. Na faɗa wa mai shagon haka, ya ce shi zai iya haɗa sauti in an samu mai zane, ni kuma na ce Mama na nan in ta yarda, da sunanta da na ƙauyensu a rubuce.

Ga mai son zuwa, ki ce masa sabon dosiye mai sunaye kike so, kar ki karɓi tsohon. Ki je da kart ɗin da ke da wurin jiga biyu ko fi, ki sa ya buɗe miki biyu ko uku a wurin ki tabbata suna tashi a wayarki, don wasu ƙananan wayoyi ba sa karanta irin fayil ɗin sai ya canza musu. In kina da tele mai cin kle to kle ɗin ya fi, saboda rubutun fassara. 'Yan ƙasa da shekara shida a tsallake musu na mutanen itace da daddare, akwai ambaliya da duhu a ciki. Kuma kar ki je ranar Litinin, kasuwa a cike take, layin turi har bakin hanya, ki bari sai Talata ko Laraba da safe kafin a ɗauke kuran, wato wutar lantarki.